Daga Nomandi Zuwa Nyanya

Akwai wani yaƙi da muka shafe fiye da shekara ashirin muna gwabzawa, mu yaran da muka tashi a Abuja, ba tare da ko ɗayanmu ya zubar da ɗigon jini ba. Mun hau duwatsun gaɓar Nomandi da igiya, mun haye kogin Volga harsashi na zuba kamar ruwan Agusta, mun ratsa hamadar Libiya a cikin tankar yaƙi, an harbe mu sau ba adadi, kowane karo kuma mun miƙe mun karkaɗe jiki mun ci gaba. Sunan wannan yaƙi namu Call of Duty, wato wasan kwamfuta na harbe-harben soja wanda kamfanin Activision na Amurka ya fara fitarwa a shekarar 2003, wanda kuma tun daga 2005 babu shekarar da ta wuce ba a sako sabon kashinsa ba. Mai yiwuwa ne mai karatu ya ga cewa zancen wasan yara bai kai a ɓata masa shafukan mujallar adabi ba. Muna roƙon ya yi mana uzuri, domin kuwa duk abin da ya daɗe haka a hannun mutum, to, ya riga ya sami masauki a cikin kansa, ya kuwa kamata a tambayi baƙon da ya sauka abin da ya zo da shi.

Kafin mu shiga tarihin wasan, ya kyautu a san ko su wane ne mu. Mu 'ya'yan ma'aikata ne, waɗanda aka kwaso iyayensu daga Ikko da Kaduna da Kano da Sakkwato bayan da gwamnati ta tare a sabon babban birni ranar 12 ga Disamba, 1991. An sauke mu a unguwanni masu lamba a maimakon suna, Eriya kaza a Garki, Zon kaza a Wuse, waɗanda rabon gida bai kai gare su ba kuma aka tura su Kubwa da Karu da Nyanya. Gari ne mai faɗin titi da dogayen fitilu, amma babu dandali, babu zauren da tsofaffi ke shimfiɗa buzu bayan sallar isha'i. Abin da ya fi duka kuwa, babu kakanni. Kakanninmu suna can gida, sai da babbar salla ko dogon hutu ake kai mu mu durƙusa mu gaishe su, su sa mana albarka, su yi mana ba'ar cewa Hausarmu ta 'yan bariki ce, a maido mu cikin mota. Yaron da ya tashi a Fagge ko a Tudun Wadar Zariya a zamanin da, da wuya ya rasa wani tsohon sojan Bama a bakin layinsu, mai lambobin yabo a cikin gwangwani da labaran da ba sa ƙarewa. Mu ba mu sami wannan ba. Labarin yaƙi na farko da ya shiga kunnenmu a tsare, mai farko da tsakiya da ƙarshe, daga akwatin talabijin ya fito, cikin Ingilishin Amurkawa.

Asalin wasan daga silima yake. A shekarar 1998 Steven Spielberg ya fitar da fim ɗinsa Saving Private Ryan a kan saukar sojojin ƙawance a Faransa cikin 1944, a shekarar da ta biyo kuma ya sa hannu aka ƙirƙiro wasan Medal of Honor a kan yaƙin. Wasu daga cikin waɗanda suka yi aikin ɗaya daga sassan wannan wasa sai suka ɓalle suka kafa nasu kamfani mai suna Infinity Ward, suka fitar da Call of Duty na farko ranar 29 ga Oktoba, 2003. Ma'anar sunan ita ce kiran da wajibi ke yi wa mutum. Abin da ya bambanta shi da na gabansa shi ne, a da mai wasa jarumi ne guda, irin na fim ɗin Indiya, wanda shi kaɗai zai gama da rundunar Hitila. A nan kuwa kurtu ne kai a cikin kurata, abokai na faɗuwa dama da hagu, kana yaƙi a ƙarƙashin tuta uku bi da bi, ta Amurka da ta Ingila da ta Tarayyar Sobiyet. Har yau babu wanda ya manta babin Stalingrad a cikinmu, inda ake sauke ka daga jirgin ruwa, a miƙa wa na gabanka bindiga, kai kuma a miƙo maka harsashi zalla, a ce ka ruga ka tari Jamusawa, in ka juyo da baya naka ne za su harbe ka. Wannan babi ya koya mana tsoro fiye da duk wani littafin tarihi da aka taɓa ba mu a makaranta, wannan kam dole a ba shi haƙƙinsa.

Ba a nan take wasan ya iso gare mu ba, kuma da ya iso bai zama sarki ba. A gidajen gem na Kubwa da Nyanya, waɗanda yawancinsu shago ne guda mai benci biyu da talabijin uku da janareto a bakin ƙofa, ƙwallon ƙafa ce ke mulki, domin ita ce ake biya a buga minti goma a tashi a ba wani. Wasan soja na bukatar zama, saboda haka sai ya zama na gidan wanda Allah ya hore wa mahaifinsa ya saya masa PlayStation ko Xbox a shagunan kayan lantarki na Wuse II. Can muke taruwa ranar Asabar, a raba fuskar talabijin gida huɗu, kowa na leƙen kusurwar ɗan'uwansa yana rantsuwa bai leƙa ba, har a ɗauke wuta a tashi da gardama. A kashi na biyu, na 2005, aka shigo da wani abu da ya zauna daram a wasan har yau: in an harbe ka, fuskar talabijin ta yi ja, sai ka laɓe bayan katanga ka ƙirga biyar, ka warke sarai. In kuwa ka mutu, sai a rubuto maka wata magana ta wani janar ko masani a kan munin yaƙi kafin a maido ka fagen fama. Mun tabbata masu wasan da kyakkyawar niyya suka sa waɗannan maganganu. Mu dai jira muke su gushe mu koma harbi.

Shekarar 2007 ce ta sauya komai. Bayan kashi uku a kan yaƙin Hitila, sai aka fito da Modern Warfare, aka ajiye tsofaffin bindigogi, aka ɗauko yaƙin wannan zamani, alhali kuwa sojojin Amurka na gaske suna cikin Iraƙi da Afganistan a lokacin. Ta fuskar gwaninta, wannan kashi bai da na biyu, kuma shi ne ya mai da wasan abin da ya zama. A cikinsa ne aka tayar da bam ɗin nukiliya aka bar ka kana rarrafe a cikin tarkacen jirgi har ranka ya fita, babu maɓallin da za ka danna ka tsira. A cikinsa ne kuma aka ɗora ka a jirgin yaƙi samfurin AC-130 da dare, kana kallon mutane a ƙasa kamar fararen kiyashi, kana sako musu wuta, ma'aikatan jirgin na taɗi cikin kwanciyar hankali kamar masu jiran shayi ya dahu. An gindaya maka sharaɗi a wannan babi: in ka taɓa cocin ƙauyen ko farar hula, aikin ya ɓaci, sai a sake daga baya.

Amma abin da ya fi tsaya mana a rai shi ne farkon labarin. An jefa ka a bayan mota a matsayin shugaban wata ƙasar Larabawa da aka yi wa juyin mulki, ana ratsawa da kai cikin gari zuwa inda za a harbe ka a gaban kyamara. Ƙasar ba ta da suna. Shugaban kuwa sunansa Al-Fulani. Ranar da muka fara ganin wannan suna dariya muka yi har da riƙe ciki, muka shiga tsokanar Fulanin cikinmu cewa ga kawunsu an kama. Sai daga baya wanda ya fi mu Larabci ya tuna mana cewa fulan a Larabci shi ne wane. Ashe shugaban sunansa Wane, na ƙasar Kaza. Garuruwan Faransa da na Rasha da muka yi yaƙi a cikinsu a baya kowanne da sunansa da ranarsa da lambar bataliyarsa, amma da aka zo kan mutanen da suka yi kama da mu, masu hasumiyar masallaci da rubutun da muke iya karantawa a jikin bango, sai suna ya ƙare. Abokan gaban suna ihu da Larabci, wasu kalmomin tun a Islamiyya muka san su. Ba mu ajiye wasan ba saboda wannan. Mun dai rage masa murya in babba na kusa, wanda hakan kansa shaida ce cewa mun san akwai magana. Sau biyu ma kamfanin da kansa ya nemi afuwar Musulmi: a 2012, da aka gano rubutun wani hadisi a jikin firam ɗin hoton da aka rataye a banɗaki a ɗaya daga filayen wasan, da kuma a 2021, da aka ga shafukan Alƙur'ani a warwatse a ƙasa a cikin Vanguard.

Daga nan kuɗi suka shigo, irin kuɗin da ba a saba jin su a harkar wasa ba. Modern Warfare 2 na 2009 ya jawo surutu a duniya saboda babin da ake sa mai wasa ya bi 'yan ta'adda suna karkashe matafiya a filin jirgin saman Mosko, surutun kuwa sai ya ƙara masa kasuwa. Modern Warfare 3, wanda ya fito a Nuwambar 2011, ya tara dala miliyan 400 a yini guda a Amurka da Ingila kaɗai. Ya zuwa 2024 kamfanin ya ce an sayar da fiye da kwafi miliyan 500 na jerin baki ɗaya, kuma a Oktobar 2023 Microsoft ya saye Activision Blizzard a kan kusan dala biliyan 69, kuɗin da ya zarce kasafin gwamnatin tarayyar Nijeriya na wannan shekara.

To, a daidai waɗannan shekaru ne yaƙi na gaske ya ƙwanƙwasa ƙofar Abuja. Ranar 1 ga Oktoba, 2010, ana bikin cika shekara hamsin da samun mulkin kai, bama-bamai suka tashi kusa da Dandalin Eagle. A daren ƙarshe na wannan shekara wani ya tashi a kasuwar barikin Mogadishu, inda jama'a ke zuwa cin gasasshen kifi. A 2011 aka kai wa hedikwatar 'yan sanda hari a watan Yuni, aka kai wa ginin Majalisar Ɗinkin Duniya a watan Agusta. Ranar 14 ga Afrilu, 2014, da sassafe, bam ya tashi a tashar motar Nyanya ya kashe fiye da mutum 70, yawancinsu masu sammakon shiga gari neman abinci, a daren ranar kuma aka kwashe 'yan matan Chibok. Ranar 25 ga Yuni wani ya tashi a Emab Plaza, ana shirin kallon wasan Nijeriya da Ajantina, a unguwar nan ta Wuse II inda muke sayen faifan wasanninmu. Abin da ya ba mu mamaki a kanmu shi ne, duk shekarun da muka yi muna jin ƙarar fashewa a talabijin ba su shirya mu da komai ba. Ƙarar gaske a ƙirji ake jin ta kafin kunne. Bayanta kuma ba kiɗa, ba mai ba da umarni ta rediyo, sai takalma a warwatse a kan titi da wayoyin da ke ta ringin babu mai ɗauka. Wasu a cikinmu sun yi watanni ba su taɓa wasan ba. Wasu kuwa a daren suka kunna, suka ce a nan ne kaɗai in an harbe ka kake iya ramawa. Ba mu ga laifin kowane ɓangare ba.

A watan Nuwamba na wannan shekara ta 2014 sai ga Nijeriya a cikin wasan. A Advanced Warfare an kai mu Ikko ta shekarar 2055, inda 'yan ta'adda suka yi garkuwa da Firayim Ministan Nijeriya, muƙamin da rabon ƙasar nan da shi tun rasuwar Abubakar Tafawa Ɓalewa a 1966. Mun yi murna, ba za mu ɓoye ba, irin murnar ɗan ƙauye da ya hango rufin gidansu a talabijin. Mun yi ta tsalle daga kan wannan bas zuwa waccan a kan babban titi. Sai da murnar ta lafa muka lura da yadda aka raba aiki: masu ceton ma'aikatan wani kamfanin sojan haya ne na ƙasar waje, sojan Nijeriya kuwa ɗan rakiya ne a garinsa. Ba a yi wata shida ba rahotanni suka bazu cewa an ɗauko sojojin haya daga Afirka ta Kudu su taimaka a Borno, dariyar ta koma ciki. Kafin wannan, a 2011, an kai mu Saliyo, inda baƙaƙen 'yan bindiga ke zuba wa mutum fetur, mu kuwa muna laɓe cikin ciyawa a matsayin Turawa. A 2012, cikin Black Ops II, an kai mu Angola ta 1986 muka yi yaƙi a gefen Jonas Savimbi, wanda 'ya'yansa suka kai ƙara kotu a Faransa a 2016 cewa an mai da mahaifinsu dabban daji, kotu ta kori ƙarar. Ga Afirkar wasan ke nan: wuri mai ƙura da ake sauka a yi aiki a tashi.

Sassan da suka biyo, waɗanda aka koma yaƙi da mutum-mutumi har aka dangana da sararin samaniya a 2016, ba mu da abin cewa a kansu, ko masu wasan ma sun gaji da su. Na 2019 ya ƙirƙiro ƙasa mai suna Urzikstan, ya kuma ɗauki sunan Hanyar Mutuwa, wadda a tarihi hanya ce tsakanin Kuwaiti da Basra inda jiragen Amurka da ƙawayenta suka ragargaza ayarin Iraƙawa masu janyewa a Fabrairun 1991, ya jingina irin wannan aiki ga Rashawa. Black Ops 6 na 2024 ya koma wannan shekara ta 1991 ɗin, shekarar da aka haifi wasunmu, wadda kuma aka raɗa wa jarirai da yawa suna Saddam a ƙasar Hausa.

Inda zancenmu ya fi nauyi shi ne nan. Sau shida manyan sassan wannan wasa suna komawa yaƙin duniya na biyu: 2003 da 2005 da 2006 da 2008 da 2017 da 2021. Mun zama Ba'amurke, mun zama Baturen Ingila, mun zama Barashe da Bafolande da mutumin Kanada da na Ostareliya. A na 2021 har an ba mu baƙin jarumi, Arthur Kingsley, haifaffen Kamaru, amma shi ma a Nomandi aka sauke shi da lema cikin rundunar Ingila. A duk waɗannan ba mu taɓa cin karo da babi guda da ya kai mu inda kakanninmu suka yi nasu yaƙin ba. Alhali kuwa sun yi shi. A Fabrairun 1941 birged ta 23 ta sojan Nijeriya ta shiga Mogadishu bayan ta kori Italiyawa, ta kuma ci gaba da bin su har cikin Habasha. A 1943 aka kafa runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma, aka ɗebi dubun dubatan samari, da yawansu daga ƙauyukan Arewa, aka zuba su a jirgin ruwa zuwa Indiya, daga can zuwa dazuzzukan Bama su fuskanci Japanawa. A kwarin Kaladan, inda mota ba ta shiga, a ka suka ɗauki kayan yaƙi, abinci kuma daga sama jirage ke jeho musu. Bataliya uku ta sojan Nijeriya ta shiga cikin dakarun Chindit na Janar Wingate, waɗanda aka jefa bayan layin abokan gaba a 1944. A Janairun 1945 rundunonin biyu suka haɗu suka ci garin Myohaung. Harshen da ya haɗa yawancin waɗannan mutane kuwa Hausa ce, irin ta bariki, wadda hafsoshin Turawa da kansu suka daɗe suna koyo don su iya ba da umarni. A ce a tsakiyar dajin Bama, cikin damina, ana raɗa wa juna da Hausa cewa a kwanta ga su nan tafe! Wane babin wasa ne ya kai wannan?

Ba muna cewa wajibi ne wani kamfani a Kalifoniya ya riƙe mana tarihinmu ba, kasuwarsa yake bi, kuma mai kuɗi shi ke zaɓen waƙar da za a yi masa. Abin da ke damunmu ya fi kusa da gida. Tarihin nan a rubuce yake a allunan da muke wucewa kullum. Barikin Mogadishu yana nan a kan hanyar Keffi, mun ci kifinsa shekara da shekaru muna kiransa barikin Abacha, ba mu taɓa tambayar me ya haɗa sojanmu da wannan suna ba. Barikin Lungi yana nan cikin gari, sunan garin da sojojin Nijeriya na rundunar ECOMOG suka yi sansani a Saliyo, su ne kuwa suka fatattaki sojojin juyin mulki daga Freetown a Fabrairun 1998, a ƙasar nan da wasan ya nuna mana babu kowa cikinta sai 'yan daba. Barikin Dodan na Ikko, inda aka mulki ƙasar nan har zuwa ƙaurar 1991, wanda kunnen Bahaushe ke ji kamar gidan dodo, sunan wani wuri ne a Bama. Haka Myohaung da Arakan a Ikko, haka Kalapanzin a Kaduna, haka Chindit a Zariya inda ake horar da sababbin kurata. Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda ta fara fita a 1939, ta yi ta kawo labarin yaƙin da Hausa. Sa'adu Zungur ya yi wa sojojin waƙar maraba da suka dawo, tana nan cikin littattafan da ake karantarwa a sassan Hausa. Biyi Bandele, haifaffen Kafancan, ɗan tsohon sojan Bama, ya fitar da littafinsa Burma Boy a 2007, shekarar da mu muke can muna bin Kyaftin Price. Kowace ranar 15 ga Janairu ana taruwa a tsakiyar Abuja a ajiye furanni a saki fararen tantabaru don tunawa da 'yan mazan jiya. A wurinmu, shekaru da yawa, ranar rufe hanya ce kawai.

Ranar 1 ga Oktoba, 2019, wasan ya sauko cikin wayar hannu kyauta, aka sauke shi sau miliyan 100 a mako na farko. A nan ne ya zama na kowa. Ba sai mahaifinka ya saya maka na'ura ba, waya da data sun wadatar. Zaman kullen korona na 2020 ya ƙarasa aikin. Yanzu a ɗakunan kwanan ɗalibai, a bakin shagon mai caji, a bayan motar haya daga Gwagwalada zuwa gari, za ka ga yaro ya karkatar da waya yatsu huɗu na rawa, yana ihu da Hausa ga abokin da ke Kano ko Yamai cewa a rufa masa baya. Wani abin lura shi ne, a wayar babu labari sam, ba Hitila, ba Al-Fulani, sai fili da bindiga da maki. In ka tara maki sai a ba ka lada, ka kira jirgi marar matuƙi ya nuna maka maɓoyar abokan gaba, ko ka sako makami mai linzami daga sama kana kallon su ƙanana a ƙasa. Ranar 3 ga Disamba, 2023, jirgin soja marar matuƙi ya sako bam a kan masu taron Mauludi a ƙauyen Tudun Biri ta Jihar Kaduna, mutum 85 aƙalla suka rasu, rundunar soja ta amsa cewa kuskure ne. Duk wanda ya buga babin jirgin nan na 2007 a cikinmu ya san kamannin abin da mai kallo daga sama ke gani, fararen ɗigo-ɗigo da suka taru wuri guda. Mun kuma tuna cewa a can in ka taɓa farar hula maido ka baya ake yi ka sake.

Ɗaya daga cikinmu, wanda muka yi ta raba fuskar talabijin da shi a Kubwa, ya shiga soja. Ta barikin Chindit ɗin nan ya bi, aka kai shi Borno, daga baya aka mai da shi Zamfara. A da shi ne gwaninmu, ba ya tsayawa, da gudu yake shiga ɗaki ya share kowa. Da wasan ya dawo waya sai muka sake haɗuwa, mu huɗu, duk daren da ya sami sabis da hutu. Abin mamaki, ya zama mafi rauni a cikinmu. Ba ya ratsa fili. Ba ya shiga ƙofar da bai leƙa ba. Sai ya sami gindin dutse ya kwanta, mu muna can gaba an gama da mu, muna yi masa tsiya cewa gwamnati ta yi asarar kuɗin horo. Mun taɓa tambayarsa ko wasan ya yi kama da abin da yake gani. Ya ce bindigogin kam sun yi kama, har ƙarar wasu. Ya yi shiru, sa'an nan ya ce sun manta ba su sa ƙishirwa ba, ba su kuma sa jira ba.

A Satumbar 2021 aka katse layukan waya a Jihar Zamfara saboda yaƙi da 'yan bindiga. Sunansa a jerin abokan wasa ya dushe, ya zauna a dushe. Mukan shiga mu uku, na'ura ta cike mana gurbi da wani baƙo, wani lokaci Balarabe, wani lokaci ɗan Afirka ta Kudu, mu buga babu mai ambaton abin da ke ran kowa. Mahaifiyarsa ta kira ɗayanmu sau biyu tana tambaya ko mun ji daga gare shi, tunda ta san kullum muna tare a waya. Makonni suka shuɗe. Wani dare sai ga sunan ya haskaka. Muka rufe shi da tambaya gaba ɗaya, ya ce lafiya lau, sai godiya, ya riga ya kira Hajiya, a fara kawai don cajinsa kaɗan ne. Jirgi ya sauke mu, muka ruga cikin gari muna tsintar bindigogi, shi kuwa ya sami wata katanga ya laɓe. Da'irar wasan ta fara matsowa, muna ta kiransa, "Oga soja, taso mana, za a rufe da kai!"

Ya ce, "Ku dakata tukuna, mutanena. Ban ga abin da ke bayan bishiyar can ba."